Rabin da Rana Ba Ta Goge Ba

"To ai shi ne nake gaya maka, tafinta ne, amma tafinta marar gaisuwa," in ji Ba Kangwa, yana ɓare gyaɗa yana tara ɓawon a cikin hularsa. "Ka aike shi gidan surukinka da sallama da tambayar gajiya da yaya ƙafar Mama, ya je ya tsaya a bakin ƙofa ya ce, 'Kawo akuya.' Iyakar saƙon ke nan."

"Kuma surukin ya bayar?" na ce.

"Surukin ai na'ura ce, Lombe. Ba ta san kunya ba, ba ta san fushi ba. Ta bayar."

Muna zaune ne a barandar gidansa da ke garin Luanshya, ran Lahadi bayan an taso daga coci. A wurinmu "Ba" ɗin nan girmamawa ce da ake sa wa babba a gaban sunansa. Ni ɗan haya ne a ɗakin baya, ina aikin ɗinke bakin buhu a kamfanin niƙan masara da ke hanyar tasha. Karatuna bai yi nisa ba, kuma ban taɓa tambayarsa ya koya mini komai ba. Shi ne dai ya lura ba na katse mutum, sai ya mai da ni kunnensa. Ba shi da wani. Ɗansa Chomba yana Afirka ta Kudu, sai a jima bai bugo waya ba. Abokan aikinsa na ofishin kwamfuta a kamfanin haƙar jan ƙarfe wasu sun koma ƙauye, wasu sun riga mu gidan gaskiya. Matarsa Mwango, wadda ake kira Bana Chomba, wato uwar Chomba, ta rasu tun kafin in zo gidan.

Bayanin tafintan nan na ji shi ba sau ɗaya ba. Ya ce na'ura ba ta jin maganar mutum, lambobi kawai ta sani, su ma a wurinta ba komai ba ne illa wuta ta kama ko ta mutu. Shi kuma yakan rubuta abin da yake so da wani yare mai kama da Turanci: idan buhu ya cika, a rufe ƙofa, a nuna nauyi. Sai ya miƙa wa wani shiri da suke kira kompaila, shi ne babban tafinta. Ya farfasa kowace magana ta koma ƙananan umarni, ɗauko wannan, ajiye can, gwada da wancan, tsallaka gaba, sannan ya mai da su lambobi. Sunayen da ka raɗa wa abubuwa, da 'yan bayanan da ka rubuta a gefe domin wanda zai karanta bayanka, duk ya zubar da su, don na'ura ba ta bukatarsu.

"Da ni da wani Bature da wani ɗan Indiya mu rubuta abu ɗaya mu ba shi," ya ce, "in ya fitar, uwar da ta haife mu ba za ta bambance mu ba."

Akwai kuma ƙaramin tafinta, asembila. Shi ba ya farfasa komai. Kai za ka rubuta ƙananan umarnin ɗaya bayan ɗaya, shi kuma ya musanya kowanne da lambarsa. A nan matarsa ta zauna duk rayuwarta ta aiki. Har ma yawanci ba ta jiran asembilan, domin a zamaninsu sai an bi layi kafin a samu kwamfutar kamfani. Sai ta zauna a teburin cin abinci da fensir, ta yi aikin tafintan da kanta, lambobin duk suna kanta kamar yadda wata ta san farashin kayan miya.

"Shekara da shekaru muna wannan gardama," ya ce. "In ce mata, 'Mwango, an ƙera mota, ke kina tafiya a ƙasa.' Ta ce, 'Mai mota bai san inda ƙaya take ba.' Ta ce ni malalaci ne mai aiken bawa. In ce ita kaza ce mai tsintar tsaba." Ya yi dariya, dariyar ta tsaya ita kaɗai a barandar. Ya dubi hular ɓawon gyaɗa kamar bai san wanda ya cika ta ba.

A gidan nan babu wani abu nata. Na daɗe ban gane ba, sai da ya faɗa mini. Bayan an yi jana'iza, danginta suka zauna a falo kamar yadda ake yi, aka fito da kayanta aka raba. Zannuwa, takalma, tukwane, keken ɗinki, har akwatin ƙarfe da ke ƙarƙashin gado. A cikin akwatin nan takardun aikinta suke, rubutun hannunta, da 'yan maganganun da takan sa a gefe, wasu na aiki, wasu tsokanarsa kawai. Yana zaune a tabarma kansa a sunkuye aka wuce da akwatin ta gabansa. Mijin mamaciya ba ya buɗe baki a gaban surukai ranar rabo ya ce a bar masa wani abu. Da ya samu ƙarfin aikawa garinsu Kasama ya tambaya, innar da akwatin ya faɗa hannunta ta riga ta ƙarar da takardun wajen naɗe fanke a bakin kasuwa.

"Ba ta yi laifi ba," ya ce. "'Yarsu ce. Kuma takarda ce mai kyau, ba ta shan mai."

Wata rana ina cin nshima, tuwon masararmu, da ƙananan kifi a ƙofar ɗakina, yana ba kajinsa ruwa, na ce masa aiki ya yi sauƙi yanzu tunda aka kawo sabon sikelin cika buhu.

Ya tsaya da kwanon ruwa a hannu. "Tsohon fa?"

"An fitar da shi tun farkon rani. Ba Jere mai gwangwan ya kwashe."

"Mai akwati ruwan toka? Mai maɓalli ja a gefe?"

"Shi, Baba."

Ya ajiye kwanon a hankali, ya zauna a kan turmi. Sai a lokacin ya gaya mini cewa su biyu suka rubuta wa sikelin nan hankalinsa, tun Chomba yana goye. A cikin akwatin akwai wasu 'yan baƙaƙen abubuwa biyu masu ƙafafu a jere, su suna ce musu ƙwari. A cikinsu lambobin suke zaune. Ɗaya nasa, mai lissafi da nuna nauyi, wanda kompaila ya fitar. Ɗaya nata, mai magana da ƙofar da garin masara ke zubowa ta cikinta da ma'aunin kansa, wanda ta rubuta da hannu domin wurin yana son sauri kuma babu fili. Bai taɓa zaton injin yana raye ba. Ya ɗauka an yar da shi tun tuni.

"Duk tsawon nan kana tsaye kusa da ita kana ɗinki," ya ce, "ni ina nan ina magana da kaji."

Sai fuskarsa ta sauya. Ya tambaye ni ko akwatin a rufe yake. Na ce ban sani ba. Ya ce kowane ƙwaro yana da 'yar tagar gilashi a bayansa. Ta nan ake goge shi in ana son sake rubutu, a haska masa fitila mai ƙarfi. Rana ma tana yin wannan aikin, a hankali, in aka bar shi a fili. Shi ya sa ake liƙe tagar. Kuma masu gwangwan abin da suke fara yi shi ne su ɓalle murfi su zare wayoyin jan ƙarfe.

Ya ɗaga kai ya dubi sama. Watan Oktoba ne, babu ko ɗigon gajimare.

Washegari ina hutu, muka tafi tare. Ko kallon bishiyar mangwaro bai yi ba, shi da ba ya iya wuce ta bai ba ni tarihinta ba. Filin Ba Jere yana bayan kasuwa, tsibin ƙarafa ya fi katanga tsawo. Ba Jere mutumin gabas ne, Bangoni, su kuwa da Babemba irin su Ba Kangwa abokan wasa ne tun kaka da kakanni. Yana hango mu ya miƙe daga kan tsohuwar kujerar mota.

"A'a! Ku ɓoye ayaba, ga mai cin biri ya shigo! Tsoho, sayar da kanka ka zo yi? Ba na sayen ƙashi, ƙarfe nake saye."

"Rufe mini baki, mai cin ɓera," in ji Ba Kangwa. "Ina ka kai sikelin gidan niƙa?"

"Sikeli? Me za ka auna? Kai da iska ke ɗauka in ka cire kwat?"

"Jere."

Yadda ya kira sunan ne ya sa Ba Jere ya daina dariya. Ya dube shi, ya dube ni.

"Aikin Mwango ne a ciki," in ji Ba Kangwa.

Ba Jere na cikin waɗanda suka haƙa kabarinta, domin a wurinmu abokan wasa ne ke wannan aikin, su haƙa, su dafa, su yi ta zolayar masu makoki har sai wani ya yi murmushi. Ya shige gaba, muka bi shi ta tsakanin ƙofofin mota da tsofaffin firji har can ƙarshen fili.

Akwatin yana nan, murfin a ɓalle, cikinsa yana kallon sama. An zare wayoyi tas. Allon da ƙwarin suke kai yana kwance a fili, ya yi zafi har sai da Ba Kangwa ya sa hankici ya ɗaga shi. Ya hure ƙurar. Na leƙa ta kafaɗarsa. Ƙwaro ɗaya tagarsa a buɗe take, tana ƙyalli, sai ɗan tabon gam inda takarda ta taɓa zama. Ɗayan an rufe bayansa da takarda mai walƙiya irin ta cikin kwalin shayi, an ninka ta biyu, an danne gefunanta sosai. Ta dushe, amma ko kusurwa ba ta ɗaga ba.

"Wanne ne nata?" in ji Ba Jere.

Ba Kangwa ya ɗora yatsa a kan mai takardar shayin.

"Ni takardar ofis nake mannawa," ya ce. "In ya goge, sai me? In koma wurin tafinta ya sake fitar mini kafin shayi ya huce. Ita kuwa kowace lamba da fensir ta haife ta. Takan ce wanda ya ɗebo ruwa da kansa shi ya san rufe tulu."

Ya sa hannu a aljihu. Ba Jere ya buge hannun.

"Kai, tafi da tsiyarka. In karɓi kuɗin Babemba in wayi gari ina hawan bishiya? Ɗauki ka ɓace mini. Kai kuma saurayi, riƙe shi da kyau, kada biri ya gan shi ya rama."

Takarda a liƙe ba ita ce shaida ba. Haka ya gaya mini a hanyar dawowa. Ƙwarin nan suna mantuwa don kansu in sun tsufa, kuma zafi yana gaggauta musu. Sai an karanta za a sani. Na'urar karanta irinsu kuwa babu ita a garin, ko a babban birnin yankinmu, Ndola, bai san wanda zai ajiye ta ba. Don haka ya shiga haɗa tasa. Kwana da kwanaki ina dawowa daga aiki ina samunsa a baranda da ƙarfen narka dalma da guntayen tsohuwar rediyo, tabarau biyu a hanci, ɗaya kan ɗaya. Ya daina ba ni labari. Na dafa na kai masa, wani lokaci ya ci, wani lokaci kaji su ci. Abin da ya fito a ƙarshe ɗan katako ne da ƙananan fitilu takwas a jere, da maɓalli ɗaya, da batura. In ka danna, ƙwaron ya faɗi lamba ɗaya, fitilun su nuna ta, wasu a kunne wasu a mace. Ka sake dannawa, ya faɗi ta gaba.

Ran Asabar da hantsi ya kira ni. "Zo ka zauna. Ba aiki zan sa ka ba. Ba na son in kasance ni kaɗai ne kawai."

Ya fara da nasa. Na san tsoro ne ya sa, kamar mai taɓa ruwa da ƙafa. Ya danna, fitilu takwas suka kama gaba ɗaya. Ya sake, haka. Ya yi ta dannawa, babu wadda ta ko ƙyafta.

"Ka gani? Haka wanda aka goge yake. Ba duhu yake yi ba, haske yake yi fayau, ba komai a ciki." Ya zare shi ya ajiye a kan faranti. "Rana ta cinye ni."

Ya ɗauki nata. Ƙafa ɗaya ta ƙi shiga raminta, sai da ya gyara ta da farce. Ya zauna yana kallon maɓallin. Wata kaza ta hau baranda, bai kore ta ba.

Ya danna. Fitilu suka kama, biyu suka ƙi.

Ban san karatun ba, amma na ji numfashin da ya saki. Ya sake dannawa, wani tsari dabam ya fito. Ya jawo fensir da bayan tsohuwar kalanda, ya fara rubuta lambobin, a gefen kowacce yana sa ma'anarta. Aikin tafinta yake yi a juye, daga na'ura zuwa mutum. Da farko yana tsayawa yana tuno, can sai hannun ya saki. Yana yi yana faɗa a hankali, ba da ni yake ba. "Hana kowa katse ta. Shirya wurin ajiya. Rufe ƙofar gari tukun, i mana, kafin komai."

Na tambaye shi ko akwai sunanta a ciki, ko wata magana da ta bari.

"Babu. Na gaya maka, gaisuwa ba ta ƙetarewa. Umarni ne zalla." Ya ci gaba. Na ga kafaɗunsa sun ɗan sauka. Lambobin suna nan lafiya, amma lambobi ne, irin waɗanda kowa zai iya rubutawa. Na fara tunanin ko gara da bai samu ba.

Sai ya tsaya. Ya dubi kalandar, ya koma baya, ya sake dannowa daga farko har wurin. Ya cire tabarau ɗaya.

"Lombe, dubi nan. Wannan lambar, da wannan. Iri ɗaya ne, ko idona ne?"

"Iri ɗaya ne, Baba."

"Wannan cewa take a rufe ƙofa. Ta ƙasa da ita kuma, a rufe ƙofa." Sai dariya ta ɓalle masa, ta gaske, har da tari. "Ƙofar da ta riga ta rufe! Babu tafintan da zai yi wannan. Kompaila in ya ga haka share ɗaya yake, ya ce ɓarnar wuri ce. Ita da take kukan babu fili!"

Ya nuna ƙofar falo da fensir. Ya ce tun ranar da suka tare a gidan nan ba ta taɓa kulle ƙofa sau ɗaya ta yi tafiyarta ba. Ta kulle, ta kai bakin titi, ta dawo ta tura ƙofar da kafaɗa. Sun rasa motar coci saboda haka, sun kusa rasa jirgin ƙasa. Yakan tsaya a titi yana kira, "Mwango, ɓarawon ma ya gaji da jira!"

Ya ci gaba da dannawa. Duk inda aka rufe ƙofar gari, sau biyu ne. Kowane ya samu sai ya ce, "Ga ta nan kuma," ya ja layi a ƙarƙashi. Rana ta take tsaka, inuwar baranda ta janye daga ƙafafunmu, bai lura ba. Ni dai na sa hannu na matsar da katakon cikin inuwa.

Can fensirin ya sake tsayawa.

"Me ya faru, Baba? Ya lalace?"

"A'a." Ya nuna wasu lambobi uku. "Nan ta gama auna buhu. Sai ta yi kira. Cewa take, je wuri kaza, a yi lissafi, a dawo mini da amsa." Ya juya ya dubi farantin da ɗayan ƙwaron yake, tagarsa tana ƙyalli. "Wuri kazan nan a cikin nawa yake."

Daga gidan maƙwabta ana jin rediyo da ƙarar tabarya. Ya zauna yana juya fensir a yatsunsa. Na taɓa jinsa da safe ta bango yana cewa, "Mwango, ina kika sa almakashi?" sannan shiru ya biyo baya. Ban taɓa gaya masa na ji ba.

"Sau nawa ta kira?" na ce, don dai in ce wani abu.

"Da yawa. Ban ma kai rabi ba."

Ya ɗauki ƙwaron nasa ya ɗaga shi, yana duba ƙafafun ɗaya bayan ɗaya. Ya ce lafiyarsa ƙalau, gogewa kawai ya yi, kuma gogagge shi ne ake iya rubuta wa sabo. Daga kiraye-kirayenta zai gane abin da take jira a kowane wuri, abin da take miƙowa da abin da take son a dawo mata da shi.

"Amma tafintan naka yana nan?" na ce.

"Ina! Ya mutu tare da kwamfutar kamfani. Ba wanda ya ajiye tafintan wannan tsohon yare." Ya dubi fensirin, ya yi ɗan murmushi. "Da ƙafa zan je. Da tana nan yau da ba mai barci a unguwar nan don dariya."

"Kuma sikelin ba zai sake aiki ba, Baba. Ba Jere ya zare komai."

"Na sani, ɗana. Ba buhu zan cika ba."

Ya zare ƙwaronta a hankali, ya naɗe shi a hankici, ya sa a aljihun ƙirji. Ya ce rubuta wa ƙwaro yana son wuta mai ƙarfi fiye da ta batura, kuma ya ga wata tsohuwar talabijin a filin mai cin ɓeran nan wadda cikinta zai yi. Ya zazzage hularsa ya sa, ya ce in ga kaji kada su hau katakon.

Ya ja ƙofar falo ya murɗa makulli, ya sauka daga baranda. Ya kai wajen bishiyar mangwaro ya ɗan tsaya, kamar zai juyo. Sai ya taɓa aljihun ƙirjinsa, ya miƙe hanyar kasuwa.